Sunanka daga ina ya fito?

A ajin karatun manya, abin da kowa ke so ya fara koyo shi ne rubuta sunansa. Mutum ya gaji da dangwala yatsa cikin tawada gaban jama'a. Amma in malam ya ce: « Mi sunanka ? », nan gardama ke tashi. Mutum ya ce Garba. Maƙwabcinsa ya ce a'a, sunansa na yanka Abubakar. A duba katinsa, a tarar an rubuta Boubacar. Duka ukun nasa ne, ba wanda ya yi ƙarya. To, wanne za a rubuta bisa allo?

Bari mu fara da sunan yanka. Shi ne wanda liman ke raɗa ma jinjiri ranar kwana 7, a yanka rago, a raba goro, wanzami ya yi aski. Galibin waɗannan sunaye daga Larabci suka fito, kuma kowanne da ma'anarsa. Abdullahi, bawan Allah ke nan. Aliyu, maɗaukaki. A'ishatu, mai rai. Muhammadu, Ahmadu da Mahmudu duk tushensu guda, wato yabo.

Sai dai suna ba ya shiga wani harshe ya zauna yadda ya zo. Bakin Bahaushe bai son kalma ta ƙare a dunƙule, sai ya buɗe ta. Balarabe ya ce Umar, mu muka ce Umaru. Ya ce Maryam, muka ce Mariyama. Akwai kuma wani harafi na Larabci da ke fitowa daga maƙogwaro, mu ba mu da shi, sai muka mai da shi « h ». Haka Khadija ta zama Hadiza, Khalil ya zama Halilu. Yusuf ya zama Yusufu, a bakin mutanen Tawa da Maraɗi ya koma Isuhu.

Dubi tafiyar suna guda. Muhammadu, mu muna cewa Mahamman, ko Mamman, ko Mahamadu. A Mali da Sanagal sai ka ji Mamadu. A ƙasar Turkiyya suna cewa Mehmet. Abubakar shi ne Bukar wurin Barebari, shi ne Buba wurin Fulani. Fatsima ita ce Fati, ita ce Falmata a ƙasar Difa.

Wasu sunayen ma sun girmi zuwansu cikin Larabci, don akwai su cikin Ibrananci, harshen Bani Isra'ila. A wannan harshe Yusufu na nufin « Allah shi ƙara », Isiyaku kuma daga kalmar dariya ya fito. Nasara ma sun ɗauki sunayen nan. Joseph ɗin da kake ji shi ne Yusufu, Marie ita ce Mariyama, David shi ne Dauda. In ka gamu da wani Joseph cikin mota, kai kuma Isuhu ne, to, takwaranka ne, ku gaisa.

Akwai wasu sunaye da ba kowa ya san lissafi ne ba. In uba na son ya sa ma ɗiyansa maza duka Muhammadu, sai ya bi su da ƙidaya ta Larabci. Lawali na farko, Sani na biyu, Salisu na uku, Rabi'u na huɗu, Hamisu na biyar. Yanzu mutane sun daina kula, har ka ga ɗan fari ana ce mashi Sani. Ba laifi ba ne, amma asalinsa ke nan.

Ga ni dai, sunayen da suka fi daɗi su ne na gida, waɗanda tsofaffi mata ke laƙaba ma yaro. Waɗannan ba sai an tambayi malami ba, don suna faɗin labarin haihuwa da bakinsu. Namiji ya zo bayan mata, a ce Tanko. Mace ta zo bayan maza, a ce Kande ko Delu. Wanda ke bi ma tagwaye Gambo ne. Nomau ya zo lokacin noma, Ciwake lokacin ɗibar wake, Azumi cikin watan azumi. Shekarau ya daɗe cikin ciki. Cindo ya zo da yatsa shida.

Wasu kuma da ɓacin rai cikinsu. Macen da ke wabi, wato ɗiyanta na mutuwa ɗaya bayan ɗaya, in ta sake haihuwa sai a ce ma yaron Ajefas, ko Ayashe, ko Ajuji. Ana nuna kamar ba a damu da shi ba, ko mutuwa ta raina shi ta wuce. Wata kuma roƙo take yi a fili, ta ce Abarshi ko Abarta. In ka ji mai irin wannan suna kada ka yi mashi dariya. Uwarsa ta rufe ɗiya kafin ta same shi.

Sunayen rana kowa ya san su: Ladi da Ɗanladi, Altine, Talatu, Laraba da Balarabe, Lami da Ɗanlami, Jimmai da Ɗanjuma, Asabe. Abin mamaki, ba mu kaɗai ke haka ba. Zabarmawa na da Alzuma, wanda aka haifa ran Juma'a. Mutanen Akan na ƙasar Gana suna ce ma irin wannan yaro Kofi. Kofi Annan, wanda ya riƙe Majalisar Ɗinkin Duniya daga 1997 zuwa 2006, Ɗanjuma ne ke nan. Kwame Nkrumah, shugaban Gana na farko, Ɗan'asabe ne. Yarabawa kuma na ce ma tagwaye Taiwo da Kehinde, mai bi masu Idowu, wato Gambonsu.

Mi ya sa sunayen gida suka yi yawa wurinmu? Alkunya ce babban dalili. Uwa ba ta faɗin sunan ɗanta na fari. Mata ba ta faɗin sunan mijinta, balle na surukinta. In an mai da ma yaro sunan kakansa, mutanen gida ba su iya kiransa da shi, sai a ce Baba, ko Abba, ko Maisuna. Yaro ya girma da wannan, har wani bai sanin sunansa na yanka sai ranar ɗaurin armensa.

Yanzu mu koma ga suna na biyu, wanda ke bin naka cikin takarda. Wurin Nasara, wannan sunan na dangi ne, ana gadonsa kaka da kakanni bai sakewa. Da yawa daga sana'a ko siffa suka fito. A Faransa Boulanger na nufin mai yin burodi, Legrand na nufin dogo. Lefèvre na Faransa, Smith na Ingila da Haddad na Larabawa duk abu guda suke nufi: maƙeri. A nan Afirka ma akwai masu sunan dangi, kamar Jallo da Bari na Fulani, Keita da Tarawore na Mali, Maiga na Sanwai.

Mu Hausawa ba haka muke ba. Mu da uba muke jingina mutum, mu ce wane ɗan wane. Larabawa na cewa « ibn », Abzinawa na cewa « ag » ga namiji. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, sunan ubansa Muhammadu, Fodiyo laƙabinsa ne na Fulatanci, ma'anarsa malami. Da aka kawo takarda, sai aka jefar da « ɗan », aka jera sunaye biyu. Ɗan Garba ya zama Musa Garba, ɗan Musa ya zama Sani Musa. Kowane hawa sunan na sakewa. Wani lokaci har a juya su: shugaban Nijar na farko, wanda ya yi mulki daga 1960 zuwa 1974, wasu takardu sun rubuta Diori Hamani, wasu Hamani Diori.

Kuma takardun hukuma da rubutun Faransanci aka saba cika su. Inda muke sa « u », su suna sa « ou ». Inda muke sa « sh », su suna sa « ch ». Shi ya sa Usmanu ya koma Ousmane, Sha'aibu ya koma Chaibou, Jibo ya koma Djibo. Ba su da ɗ, ba su da ƙ, ba su da ɓ, don haka Ɗanladi ya rasa lanƙwasarsa ya zama Danladi. In ka ga haka cikin katinka kada ka ce ba kai ba ne.

Ga inda wahala take. Gida na karɓar suna uku ga mutum guda, takarda kuwa guda ta sani. A ce an haifi yaro gidan likita. Aka tambayi uwa, kunya ta hana ta faɗin sunan, kaka ta ce Tanko. Aka rubuta Tanko. Shekara 7 ta yi, uba ya kai shi lakkol ya ce Mahamadu. Ba wanda ya lura, sai ranar da za a yi jarrabawa a ce takardun ba na mutum guda ba ne. Daga nan sai zuwa gaban alƙali, a nemo shaidu, a biya kuɗin mota, wani yaron har ya rasa shekara. Haka ke faruwa ga mai neman faspo na zuwa Makka, da wadda mijinta ya aiko ma kuɗi daga Libiya ko Kwaddibuwa, aka hana ta don harafi guda ya bambanta da na katinta.

Don haka ranar suna, bayan an watse, uba shi sa a rubuta sunan bisa takarda, shi kai shi da hannunsa wurin masu yin takardar haihuwa. In an ba ka takarda, karanta ta kafin ka fita ƙofa, yanzu ka iya. Inda ka ga an rubuta « prénom », sunanka ne. Inda aka rubuta « nom », nan ne sunan ubanka ke shiga.

Gobe kowa shi zo da katinsa. Za mu rubuta sunan kowa sau biyu bisa allo, yadda muke rubuta shi da Hausa da yadda yake cikin kati. Mai sunan gida kuma shi tambayi tsofaffi dalilin da ya sa aka sa mashi, shi zo shi gaya muna.