Darasin Girki: Shinkafa Mai Hanta Da Ƙundu, Da Zancen Sosej A Tukunyar Musulma



Darasinmu na wannan fitowa a kan wata shinkafa ce da ta yi suna a jihar Luwiziyana ta kudancin Amurka, musamman birnin Niyu Olins. Sunan da suka ba ta da Turanci ma'anarsa wai "shinkafa mai datti". Kada ki ɓata fuska tukuna, babu wani datti a cikinta. Hantar kaza da ƙundu ne ake daddatsawa ƙanana a soya su har su yi duhu, sai su rina shinkafar ta koma ruwan ƙasa-ƙasa. Mu dai ba za mu kira ta da wannan suna ba, domin ya tabbata a Bukhari da Muslim daga Abu Huraira (RA) cewa Manzon Allah (SAW) bai taɓa kushe abinci ba, in ya so ya ci, in bai so ba ya bari. Don haka a nan sunanta shinkafa mai hanta.

In kin ɗanɗana za ki ji kamar kin san ta, kuma da dalili. Faransawa ne suka kafa Niyu Olins a 1718, a 1719 kuma jiragen bayi na farko suka iso can daga Afirka, ɗauke da mutane da kuma irin shinkafa. Mafi yawan waɗanda aka kai a zamanin Faransawa daga yankin Sanagal da Gambiya aka kwaso su, inda noman shinkafa ya daɗe, cikinsu har da Musulmi. Su da jikokinsu ne suka riƙe ɗakunan girki na wannan yanki tun kafin Faransa ta sayar wa Amurka da shi a 1803. Abincin marasa hali ne tun asali: tsokar kaza ta tafi teburin masu gida, kayan ciki su rage wa mai girki, ita kuma ta san yadda za ta yi da su har a lashe kwano. Kusan ƙanwar dafa-dukarmu ce da ta yi nisan zango.

Inda gizo ke saƙar

A littattafan girkinsu da shirye-shiryen da 'ya'yanmu mata ke kallo a talabijin da waya, za ki ga ana zuba sosej a wannan shinkafa. To ki sani, sosej ɗin da mutanen Luwiziyana suka saba sawa na naman alade ne da aka banda da hayaƙi. Haramcin alade kuwa ba abin jayayya ba ne, yana nan a Suratul Baƙara aya ta 173 da Suratul Ma'ida aya ta 3.

Wata za ta ce, "To ai sai in sayi na naman shanu a kanti." Haka ne, akwai shi a manyan kantunan cikin garin nan. Amma ki tsaya ki karanta abin da aka rubuta a jikin ledar, ko ki ba yaro ɗan makaranta ya karanta miki. Abubuwa biyu ne ke shige wa mata duhu. Na farko, sosej nama ne da aka niƙa aka cuɗa, ido ba ya iya rarrabe abin da ke ciki, wani a rubuta shanu a gaba da manyan baƙaƙe, a baya kuma a jera wasu abubuwan da ƙananan rubutu. Na biyu, rigar da ake ɗura naman a ciki. A ƙasashen Turai da Amurka sau da yawa hanjin alade ne, ko da kuwa naman ciki na saniya ne. Lambar NAFDAC tana da muhimmanci, kada ki sayi wanda ba shi da ita, amma ita shaida ce ta cewa hukuma ta yi wa kayan rajista, ba ita ce shaidar yankan Musulunci ba. Ki nemi tambarin halal, in na ƙasar waje ne kuma babu shi, bar musu kayansu. Hadisin Nu'umanu ɗan Bashir (RA) ya koya mana cewa tsakanin halal da haram akwai abubuwa masu rikitarwa, kuma wanda ya nisance su ya tsare addininsa da mutuncinsa. Maigida da yara ba sa shiga kicin su duba leda, abin da kika ajiye musu shi za su yi bismilla su ci. Amanar tana wuyanki.

Ni a ganina ma wahalar ba ta kai ta kawo ba. Daɗin wannan shinkafa ba daga sosej yake fitowa ba, daga hanta yake, da ƙundu, da haƙurin suya. Abin da sosej ke ƙarawa kitse ne da yaji da ƙamshin hayaƙi, kuma duk ukun muna da su a gida.

Ga yadda za ki haɗa naki. Ki sayi jan nama rabin kilo wurin mahaucin da kika sani, a Kasuwar Sheikh Abubakar Gumi ko Kawo ko ta unguwarku, ki ce ya haɗa miki da kitse, kamar kashi ɗaya cikin biyar na naman. Kada ki ce a cire kitsen, in babu shi naman bushewa zai yi kamar ƙuli. A niƙa, ko ki daddatsa da wuƙa ki kirɓa a turmi. Ki zuba gishiri ƙaramin cokali ɗaya da rabi, dakakkiyar tafarnuwa, masoro, garin barkono, tayim da 'yar citta. Ki cuɗa da hannu sosai har ya fara danƙo, ki rufe ki ajiye a wuri mai sanyi kamar awa ɗaya. Daga nan ki mulmula shi dogo-dogo kamar yatsa, ki gasa a kan garwashin gawayi har bayansa ya yi ja. Wannan gashin shi zai ba ki ƙamshin hayaƙin. Mai son ta yi shi da rigarsa sai ta wanke hanjin rago tas da gishiri da lemon tsami ta ɗura, haka Musulmin Aljeriya da Tunisiya da Maroko suke yin nasu. Ranar da kike sauri kuwa, ki aika a sayo miki balangu ki yayyanka, ya wadatar.

Hanta da ƙundu

Ita hanta halal ce ba tare da wani kokwanto ba. Imam Ahmad da Ibnu Majah sun ruwaito daga Ibnu Umar (RA) cewa an halatta mana jini iri biyu, su ne hanta da saifa. Jinin da ya kwarara wajen yanka shi ne haram, don haka ki wanke shi tas.

Masu gyaran kaji a kasuwa suna sayar da hanta da ƙundu daban. Ki je da safe, ki saya a inda kika ga ana yanka, ki duba hantar tana sheƙi ba ta yi kore ko ta saki ba. Ki kula da matsarmama, 'yar koriyar jakar nan da ke manne da hanta. Ki yanke ta a hankali, in ta fashe ɗacinta zai ɓata miki tukunya gaba ɗaya, kuma babu magin da zai gyara. Ƙundu kuma ki tsaga, ki ɓare fatar nan mai ruwan ɗorawa ta ciki, ki murje da gishiri.

Don mutum 6 za ki buƙaci shinkafa gwangwanin madara 4, hanta kwatan kilo, ƙundu kwatan kilo, sosej ɗin da kika haɗa, manyan albasa 2, koren tattasai 2, attaruhu 3 ko daidai bakin gidanku, tafarnuwa, lawashi, tayim, masoro, magi, gishiri da man gyaɗa rabin ludayi. Su can ba sa yin ta sai da seleri, ana samunsa wurin masu kayan salak. In ba ki samu ba ki ƙara lawashi. Ki lura babu tumatir, babu kori. Na san hannunmu ya saba, amma da kin zuba su kin koma dafa-duka.

Ki fara da ƙundu domin shi ne mai taurin kai. Ki tafasa shi da albasa da gishiri da tafarnuwa kamar minti 40 har ya yi laushi, ki tsame ki daddatsa ƙanana kamar ƙwayar wake. Romon kada ki zubar, da shi za ki dafa shinkafar. Ki wanke ta, in 'yar Hausa ce ki rege, ki zuba a romon ki cika da ruwa, ki dafa ta ta yi wara-wara, ki sauke tun da ɗan sauranta. Ki baza ta a faranti ta sha iska. Shinkafar da ta caɓe ba ta yin wannan girki.

Yanzu sai babban aikin. Ki ɗora tukunya mai kaurin gindi, ki zuba mai ya yi zafi sosai. Ki yayyanka sosej ɗinki ki soya ya fitar da kitsensa, ki kwashe. A cikin wannan man ki zuba ɗanyar hantar da kika daddatsa lilis, tare da ƙundun. To a nan mata da yawa ke kuskure, da sun zuba sai su kama juyawa ba ƙaƙƙautawa. Ki bar shi ya kama gindin tukunya tukuna, ya yi ja mai duhu, sannan ki zuba romo rabin ludayi ki kankare da muciya, ki sake bari ya kama. Ki yi haka sau biyu ko uku. Wannan abin da ke kamawa kina kankarewa, shi ne launin, shi ne ɗanɗanon, shi ne kuma ke kashe ƙarnin hanta har yaron da ba ya cin ta ya ci bai sani ba. Amma ja ake so, ba baƙi ba. In kin ji ƙauri wutar ta yi yawa.

Sai ki zuba albasa da koren tattasai da seleri, ki soya su yi laushi, ki kawo attaruhu da tafarnuwa da sauran kayan ƙamshi. Ki mayar da sosej, ki juye shinkafar ki gauraya a hankali har kowace ƙwaya ta rinu. Ki yayyafa ɗan romo, ki rufe, ki rage wuta ta turara minti 10. Lawashi a ƙarshe, bayan kin sauke.

Wadda za ta ci da wadda za ta yi hattara

Hanta tana cikin abincin da suka fi yawan sinadarin ƙarfe da bitamin B12, waɗanda jiki ke gina jini da su. Ƙarancin jini kuwa ya yi mana yawa mu mata, ga al'ada, ga haihuwa, ga shayarwa, ga kuma halinmu na tura wa maigida da yara nama mu ci gaya. A wannan shinkafa ba mai iya tsince naman, kowa sai ya samu rabonsa, har ke. Ki haɗa da kabeji da tumatir ki matsa lemon tsami, yana taimaka wa jiki ya ɗauki sinadarin. Shayi kuwa rage shi yake yi, ki bari sai bayan awa ɗaya ko biyu.

Sai dai mai juna biyu ta dakata. Hanta tana da bitamin A mai yawan gaske, kuma in ya wuce kima yana iya cutar da ɗan da ke ciki, har hukumar lafiya ta Ingila tana ba masu ciki shawarar su ƙaurace wa hanta gaba ɗaya. In akwai mai ciki a gidan ki cire hanta, ki ninka ƙundu ki ƙara zuciyar kaza, ita kuma ta yi tambaya ranar awo. Ga sauran jama'a, ki tabbata hantar ta dahu har ciki, babu sauran ja.

Abin da ya rage kada ki bar shi cikin tukunya ya kwana, ki ce da safe kya ɗumama. Dafaffiyar shinkafa in ta daɗe a ɗumi tana haifar da wata ƙwayar cuta mai sa amai da gudawa, kuma ɗumame ba ya kashe dafinta, balle an haɗa da hanta, balle a zafin Maris da Afrilu. Ki juye a faranti ta huce, ki sa a firji kafin awa 2, a cinye washegari. In wutar unguwarku ba abin dogaro ba ce, ki rage awo tun farko, ko ki zuba a kwano ki aika wa maƙwabta tun da zafinta.