Direban da Ya Ba da Motarsa

Ran 2 ga Satumba, 1956, aka yi tseren motoci na ƙarshe na wannan shekara a filin Monza, ƙasar Italiya. A ranar ne za a san zakaran duniya. Gasar ba ta daɗe da kafuwa ba, domin a 1950 aka fara ta.

Juan Manuel Fangio, mutumin Ajantina mai shekara 45, shi ne kan gaba da maki 30. Peter Collins, saurayi ɗan Ingila mai shekara 24, yana da 22. Dukansu biyu motocin Ferrari suke tuƙawa. Wanda ya zo na ɗaya yakan sami maki 8, wanda ya fi kowa sauri a zagaye guda kuma a ƙara masa 1. Ashe Collins yana da dama, in ya kwashe duka 9 ɗin, Fangio kuma ya tashi hannu wofi.

Zagaye 50 za a yi, kowanne kilomita 10. Ana cikin gudu sai ƙarfen sitiyarin Fangio ya karye, ya koma gefe ya tsaya. A wancan zamani doka ta yarda direba ya ba abokin aikinsa mota, su raba makin. Aka nemi Luigi Musso ya ba da tasa, ya ƙi.

A zagaye na 35 Collins ya tsaya a duba masa taya. Da ya ga Fangio a tsaye, sai ya sauko don kansa, ya miƙa masa motar. Fangio ya shiga, ya zo na biyu a bayan Stirling Moss, ya zama zakara karo na huɗu.

Collins yana ganin shi yaro ne, lokacinsa na zuwa. Lokacin bai zo ba. A 1958 ya rasu a hatsarin tsere a Jamus, bai taɓa zama zakara ba. Duk da haka har yau ana ambaton sunansa da girmamawa.

Ɗalibai, ba da abin da ba ka bukata ba wuya. Collins ya ba da abin da ya fi so a duniya, ba wanda ya tilasta masa. Kowannenmu ya tambayi kansa: da ni ne a cikin motar nan, zan sauko?