Su Wane Ne Ramones?

Wani mai sauraronmu daga Damagaram ya ce yana yawan ganin matasa sanye da riguna masu rubutun Ramones, shin su wane ne?

To Malam, mawaƙa ne huɗu da suka haɗu a unguwar Queens ta birnin New York a 1974. Ba 'yan'uwa ba ne, kowa dai ya ari sunan Ramone ya liƙa wa kansa. Su ne ake ɗauka a matsayin magabatan kiɗan punk: jita mai ƙara, ganga cikin gaggawa, babu kwalliya.

Faifansu na farko ya fito a 1976, waƙoƙi 14 cikin ƙasa da rabin sa'a, an kashe masa dala 6,400 kacal. Bai yi kasuwa ba. Sai a 2014 aka tabbatar ya sayar da kwafi 500,000 a Amurka. Amma wasan da suka yi a Landan cikin Yulin 1976 ya ƙara zaburar da samarin Ingila, lokacin da ƙungiyoyin kiɗa na Sex Pistols da The Clash ke tasowa.

Sun fitar da faifan situdiyo 14, suka watse a 1996. Huɗun da suka kafa ƙungiyar duk sun rasu, na ƙarshensu Tommy a 2014.