Leƙen Asiri a Lokacin Yaƙi: Littattafan da Ya Kamata Ɗalibi Ya Nema

Duk wanda ya taɓa shiga kasuwar hatsi ta Dawanau, wadda ke kan hanyar Katsina cikin ƙaramar hukumar Dawakin Tofa, ya san ba gero da wake da riɗi kaɗai ake ciniki a cikinta ba. Labari ma haja ne. Direban da ya taso daga Maraɗi ya san inda damina ta yi gardama, dillali kuma ya san wanda ya cika rumbu ya ƙi fitarwa. Babban ɗan kasuwa ba ya sakin kuɗinsa a kan maganar mutum guda, sai ya ji ta bakin biyu ko uku ya auna. To, wannan aiki na tattara labari, da tace shi, da yanke shawara a kansa, shi ne ainihin abin da sojoji ke kira leƙen asiri. An kafa kasuwar ne a 1985, amma hanyar ta girme ta nesa ba kusa ba, domin Ƙofar Dawanau tana cikin tsofaffin ƙofofin ganuwar Kano. Fatake da 'yan aike sun daɗe suna shige da fice ta irin waɗannan ƙofofi, kaya a kan jaki, labari a baki.

Ɗalibai da yawa a finafinai suka san ɗan leƙen asiri. Littattafan da za a ambata a nan suna nuna wani abu dabam: mutum mai ƙirga dawaki da rijiyoyi, da tafinta mai juya magana, da masanin lissafi mai ƙirga haruffa.

Kano da Sakkwato, 1903

Kyakkyawan mafari ga mai karatun Hausa shi ne Zuwan Turawa Nijeriya ta Arewa na Abdulmalik Mani, a haɗa da Kano ta Dabo Cigari na Alhaji Abubakar Dokaji. Su za su ba ɗalibi ƙashin bayan labarin. A ƙarshen Janairu 1903 Kanar Morland ya taso daga Zariya da sojoji fiye da 700, da igwa da bindigogi masu ruwa, ya fasa Bebeji, ya shiga Kano ranar 3 ga Fabrairu, alhali Sarki Alu yana kan tafiyarsa ta Sakkwato. Sakkwato ta faɗi ranar 15 ga Maris. Tambayar da ɗalibi zai riƙe ita ce: yaya 'yan tsirarun baƙi suka san hanya, da mashaya, da wanda ke gaba da wane a cikin fada?

Amsar tana cikin aikin Philip Afeadie. A 1994 ya buga rahotannin asiri na Adamu Jakada, na shekarun 1899 zuwa 1901, a mujallar Sudanic Africa, daga baya kuma ya fitar da littafi mai suna Brokering Colonial Rule a kan 'yan ƙasa da suka yi wa Turawa aikin jakadanci tsakanin 1886 da 1914. Irin su Adamu su ne ke kai wasiƙa da kyauta gaban sarakuna a madadin Kamfanin Neja, daga baya a madadin Gwamna Lugga. Suna jin Hausa, sun san ladabin fada, suna sauka a gidajen fatake kamar kowa. In sun koma sai su zayyana abin da ido ya gani da wanda kunne ya ji. Bature bai san ƙasar ba sai ta bakinsu, sarki ma bai san nufin Bature ba sai ta bakinsu. Wannan matsayi na tsakiya ƙarfi ne babba, kuma haɗari ne babba. A Keffi, cikin Oktoba 1902, Magaji Ɗan Yamusa ya kashe Kyaftin Moloney, kuma masu tarihi da dama sun ɗora wani kaso na laifin a kan tafintan Moloney, Audu Timtim, wanda ake zargi da karkatar da saƙo tsakanin mutanen biyu. Magaji ya gudu Kano, Sarki Alu ya karɓe shi da girmamawa, Lugga kuma ya sami hujjar da yake nema.

Kada a ɗauka cewa sarakuna suna zaune ne cikin duhu. Da Turawa suka shiga Sakkwato sun sami tarin wasiƙun Larabci a gidan Waziri Buhari. H.F. Backwell ya fassara su ya buga a 1927 da sunan The Occupation of Hausaland. Ƙaramin littafi ne, amma a cikin duk waɗanda aka ambata a nan babu wanda ya fi shi cancantar a karanta wa aji da baki. A ciki za a ga sarakunan daula suna sanar da Waziri motsin Nasara: inda suka sauka, inda suka dosa, abin da suka ce. Har akwai inda Sarki Alu ya ba da shawarar a yi hijira a bar musu ƙasar. Ke nan labari yana isa Sakkwato. Abin da ya yi wuya shi ne a haɗa shi wuri guda, a yarda da abin da yake nunawa, a yi shiri ɗaya cikin lokaci, ga nisan garuruwa, ga saƙo ba ya wuce saurin doki. Wanda ya fi kowa bayyana wannan matsala daga ɓangaren daula shi ne R.A. Adeleye, a littafinsa Power and Diplomacy in Northern Nigeria na 1971. Turancinsa yana da nauyi ga ɗan sakandare, saboda haka ya fi dacewa da malami.

Akwai kuma Concerning Brave Captains na D.J.M. Muffett, wanda ya fito a 1964. Muffett tsohon ma'aikacin mulkin mallaka ne, sai dai ya zauna da dattawan da suka ga yaƙin da idonsu, kuma bai ji nauyin tuhumar Lugga ba. Shi ne ya tayar da ƙura a kan wata shahararriyar wasiƙa da aka ce Sarkin Musulmi Abdurrahman ya aiko a 1902, wadda Lugga ya ɗauka a matsayin shelar yaƙi. Muffett ya nuna cewa ba a ga asalinta na Larabci ba, sai fassarar Turanci. Ko mai karatu ya yarda da shi ko bai yarda ba, darasin na kimiyya ne: kafin a gina hukunci a kan takarda, a tambayi wanda ya rubuta ta, da wanda aka rubuta wa, da abin da mai kawo ta zai samu in an gaskata shi. Ɗan rahoton da ake biya ya san abin da maigidansa ke son ji. Malami zai iya ɗaukar aukuwa guda, kamar faɗuwar Kano, ya sa ɗalibai su kwatanta yadda Dokaji da Muffett da Adeleye suka kawo ta, su fitar da inda suka dace da inda suka saɓa.

Yaƙe-yaƙen duniya

Masu ziyartar Gidan Ɗan Hausa a Nassarawa sun san Hanns Vischer a matsayin wanda ya buɗe makarantar boko a Kano a 1909. Kaɗan ne suka san cewa a Yaƙin Duniya na Ɗaya ya yi wa Ingila aikin leƙen asiri a Turai. Tarihin hukumar asirin Ingila ta ƙetare, wato MI6, daga 1909 zuwa 1949, Keith Jeffery ya rubuta shi a 2010 bayan an buɗe masa takardun hukumar.

A Yaƙi na Biyu Kano ta zama zango mai muhimmanci. Daga Satumba 1940 ana harhaɗa jiragen yaƙi a Takoradi, su biyo ta Ikko da Kano da Maiduguri, su ratsa Cadi da Sudan zuwa Masar. Jirage fiye da 5,000 suka bi wannan hanya. Cadi ta bi Janar de Gaulle tun Agusta 1940, amma Nijar ta zauna ƙarƙashin gwamnatin Vichy mai ɗasawa da Jamus har zuwa Nuwamba 1942. Wato Katsina da Maraɗi, 'yan uwan juna, sun wayi gari a ɓangarori biyu. Littafin Nancy Lawler na 2002, Soldiers, Airmen, Spies, and Whisperers, ya nuna yadda aka yi leƙen asiri da yaɗa jita-jita a irin wannan iyaka tsakanin Gana ta yau da maƙwabtanta na Faransa. Ɗalibin jami'a mai neman abin bincike zai iya ɗaukar tambayoyinta ya nufi ɗakin adana takardun tarihi na ƙasa da ke Kaduna, ya gwada su a kan iyakar Arewa.

Inda lissafi ya shigo

Saƙon da aka kama ba shi da amfani in an ɓoye shi da rubutun asiri. Hanyar warware irin wannan rubutu ta samo asali ne daga Bagadaza, wurin al-Kindi, a ƙarni na 9. Ya lura cewa a kowane harshe wasu haruffa sun fi wasu yawan fitowa, kuma sauya musu kama ba ya sauya yawansu. Simon Singh ya bayyana wannan cikin sauƙi a The Code Book na 1999, kuma shi ne littafin da ya fi dacewa da ɗakin karatun sakandare. The Codebreakers na David Kahn, na 1967, ya fi shi zurfi da girma.

Singh ya bi labarin har zuwa Enigma, na'urar da sojojin Jamus suka dogara da ita. Ana iya saita ta ta hanyoyi kimanin 159 da sifiri 18 a bayansa, amma tana da aibi: ba ta taɓa mayar da harafi ya zama kansa. Marian Rejewski, masanin lissafi ɗan ƙasar Folan, shi ya fara gano tsarin cikinta a 1932. Alan Turing da abokan aikinsa a Bletchley Park suka ɗora da na'urar da ke zubar da saitin da ba zai yiwu ba, har a kai ga na gaskiya. An rufe wannan sirri sai a 1974, lokacin da F.W. Winterbotham ya buga The Ultra Secret. Saboda haka duk tarihin yaƙin da aka rubuta kafin shekarar yana da giɓin da galibin marubutansa ba su san da shi ba, kuma ya kamata ɗalibi ya riƙa duba shekarar bugu kafin ya buɗe shafin farko.

Hanyar al-Kindi kuwa ana iya gwada ta a aji da alli kawai. A ɗauki jerin haruffa 26 na Ingilishi, a matsar da kowane harafi gaba da gida uku. Kalmar DAWANAU za ta koma GDZDQDX. Harafin D ya fito sau uku cikin bakwai, kuma duk mai jin Hausa ya san babu harafin da ya kai A yawa a harshen. Da zarar an gane D ita ce A, an san tazarar uku ce, sauran kuma sai su warware da kansu. Malami ya raba aji gida biyu, kowane gida ya ɓoye sakin layi guda daga littafin karatu da tazarar da ya zaɓa, a yi musaya, a ga wanda zai riga karanta na ɗan uwansa.