Asalin Sunan Buhari

Darasinmu na wannan mako a kan sunan da aka samo daga gari ne.

Daga Ƙafin Maiyaƙi har Doguwa, da wuya ka shiga unguwa ka kira Buhari ba a amsa ba. Amma kaɗan ne suka san Buhara birni ne a ƙasar Uzbekistan ta yau. A can aka haifi Muhammadu ɗan Isma'ila a shekara ta 194 bayan Hijira. Ya tattara ingantattun hadisai, har sunan garinsu ya rufe nasa na yanka. Wannan shi Larabawa ke kira nisba, watau jingina mutum ga mahaifarsa, kamar mu ce Bakano ko Bazazzagi.

To, ya halatta a raɗa wa jariri irin wannan? Babu hani, muddin ma'anar ba ta munana ba. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo kansa yana da ɗa Muhammadu Buhari. Ku lura, 'yan'uwa, Muhammadu ne a gaba, Buhari na biye, wannan tsari kuwa ya fi. Gama uban da ya zaɓi sunan ba kasuwar Buhara ya gani ba, malamin yake ƙauna, yana fata ɗansa ya gaje shi. Saboda haka ranar suna liman ya yi wa jama'a bayani kafin a raba goro, yaro kuma in ya yi wayo a gaya masa ko wane ne takwaransa.