Kafin Ka Kunna Kyamara a Ƙasar Haɗeja

Matashin da ke son ɗaukar fim na gaskiya kan kiɗa da al'adun Haɗeja, fara da neman izini. Je ka gaida hakimi ko dagaci, ka faɗi abin da ya kawo ka. Tambari da kakakin fada ba a ɗaukarsu kamar kiɗan biki, sai da yardar masu su.

Kashe kuɗinka a kan makirfo kafin kyamara. A bakin kogi iskar hunturu na cinye murya, don haka rufe makirfon da soso, matsa kusa da bakin mawaƙi, ka sa a kashe janareta. Mai kallo yana haƙuri da hoto mai dishi-dishi, amma ba ya haƙuri da sautin da ba ya fita.

Kada hawan Sallah ya ɗauke maka hankali. Kowa na ɗaukarsa. Nufi Guri, Kirikasamma da Baturiya, ka zauna da tsofaffin masunta. Tun da aka gina dam ɗin Tiga a 1974 ambaliyar fadama ta sauya, ciyawar kacala ta toshe hanyoyin ruwa, kuma sana'a in ta ja baya, waƙarta na bin ta. Waƙoƙin niƙa da daɓe ma haka suke, inji da siminti sun kore su. Waɗannan sai mace ta shiga cikin gida ta ɗauko, saboda haka nemi abokiyar aiki.

Rubuta sunan kowane makaɗi da garinsu, biya shi haƙƙinsa, kuma in ka gama, don Allah mayar masa da kwafi a wayarsa.