HORON MATUƘAN JIRAGEN RUWA DA AIKIN HAKIMAI A MASHIGAN GULBIN RIMA

A shekarar 1978 ƙasashen duniya suka taru a Landan, suka ƙulla yarjejeniya a kan horon ma'aikatan jiragen teku, wadda ake kira STCW. Ta fara aiki a 1984, aka yi mata babban gyara a 1995, aka sake yin wani a Manila a 2010. Bisa ga wannan doka, ba a ba mutum aikin tsaron lafiyar jirgi sai ya koyi tsirar da kansa cikin ruwa, da kashe gobara, da taimakon farko ga wanda ya ji rauni, da kiyaye lafiyar abokan aikinsa. Ana ba shi takardar shaida, bayan kowace shekara 5 kuwa sai ya nuna bai manta ba. Gyaran Manila ya ƙara da koyon lura da 'yan fashin teku. A ƙasarmu akwai makarantar wannan aiki a Oron.

Abin da ya kamata hakimai su lura da shi shi ne, yarjejeniyar ta ware jiragen kamun kifi da jiragen katako irin na gargajiya, ba ta hau kansu ba. Watau kwale-kwalen da ke fito da mutanen Isa da Sabon Birni a Gulbin Bunsuru da Rima yana wajenta. Kula da jiragen rafi aikin hukumar NIWA ne, amma babban ofishinta yana Lakwaja, mashigan Gobir kuwa suna da yawa.

Sakamakon wannan giɓi ba ɓoyayye ba ne. A watan Afrilu na 2022 mutum 29 suka halaka a Gidan Magana, ƙasar Shagari. A ran 17 ga Agusta 2025 jirgi ɗauke da mutum fiye da 50 ya kife a kan hanyar kasuwar Goronyo. A Gobir abin ya fi tsanani, domin idan 'yan bindiga suka tare hanya ko suka fāɗa wa ƙauye, jama'a kan ruga bakin gulbi da dare, kowa yana neman shiga jirgi ɗaya. A wannan hali ɗan fiton da bai iya cewa "jirgi ya cika" ba, ko da ya gaji sana'ar kaka da kakanni, horonsa bai kammala ba.

Saboda haka ana roƙon kowane hakimi ya kira Sarkin Ruwa da dagatai tun kafin ruwa ya sauka. A gwada kowane ɗan fito a gabansu: iyo, da ceton wanda ya nutse, da fitar da ruwa daga jirgin da ya huje. A shata layi da fenti a jikin jirgi inda kaya ba za su nutsar da shi su wuce ba. Wanda bai sa rigar ceto ba kada ya shiga.

Magatakarda kuma ya buɗe littafi, ya rubuta sunan mashigi, da mai jirgi, da yawan mutanen da jirgin ke ɗauka, da ranar gwaji. A aika da kwafe ga majalisar Sarki kafin ƙarshen watan Yuni.